Jawabi a Bikin Yaye Ɗaliban Nazarin Ƙwayoyin Halitta



Ku 'ya'yanmu da ake yayewa yau, kun iya ɗora samfuri a na'ura ta karanto muku jerin haruffan DNA. Nasihata guda ce: abin da na'urar ta fitar ɗanye, kafin ku tace shi, ku kai shi rumbun da kowa zai iya ɗiba. Maƙalar da za ku wallafa tuwo ce, a ci a tashi. Ɗanyen bayanan kuwa iri ne, wani zai shuka shi nan gaba da dabarar da ba mu da ita yau, kuma da shi ake gano kuskure in an yi.

Rumbunan suna nan: SRA a Amurka, ENA a Ingila, DDBJ a Japan. Suna musayar abin da aka zuba musu, mai ɗiba ba ya biyan ko kwabo. Tun 1996, a taron Bamuda, masu karanta DNA ɗin ɗan Adam suka amince su riƙa sakin sakamakonsu cikin awa 24.

A 2014, da Ebola ta addabi Saliyo, masana, har da 'yan Najeriya, suka karanta samfurin ƙwayar cutar 99 daga majinyata 78, suka sake su tun kafin su wallafa komai, don masu neman magani kada su jira. Biyar daga cikin marubutan, cutar ta kashe su kafin maƙalarsu ta fito. A duk lokacin da rowa ta taso muku, ku tuna da waɗannan bayin Allah.

Na san abin da ke ran wasunku. A 2021 Botsuwana da Afirka ta Kudu suka sanar da duniya nau'in korona na Omicron, aka saka musu da hana jiragensu shiga ƙasashe. Zalunci ne. Sai dai ɓoyewa mu za ta fara cuta, domin zazzaɓin Lassa da sanƙarau a gidanmu suke. Mu saki, mu kuma tsaya kai da fata a ambaci sunanmu.

DNA ɗin mutum kuwa amana ce. Kada ku fitar da shi sai da yardar mai shi, bayan an yi masa bayani da harshensa, kuma a rumbu mai makulli irin EGA, inda sai an nemi izini.

Duk samfurin da za ku ajiye, ku rubuta inda aka ɗauko shi da ranar da aka ɗauko shi. Allah ya yi muku albarka, ya mai da kowa gidansa lafiya.