Wanda Ke Gangare Yana Da Hakki A Kanmu



'Yan uwa, yau maganarmu a kan kogi ce. Kogin Kano da na Challawa su ne suke haɗuwa su zama kogin Haɗejiya. Shi kuma ya gangara ya haɗu da kogin Jama'are wanda ya taso daga tsaunukan Jos, su zama kogin Yobe, har ya faɗa Tafkin Chadi. Wato ruwan da aka ɓata a Kano, manomin Gashuwa ne zai sha wahalarsa.

A da, idan damina ta yi ƙarfi, ruwa yakan zo da ƙarfinsa ya wanke laka, ya malale fadamu, a shuka shinkafa, a kama kifi, da rani kuma kogin ya ƙafe. To, sai aka gina madatsar Tiga a 1974, aka ƙara ta Challawa a 1992. Daga nan ruwa ya koma tafiya a hankali rani da damina. Laka ta kwanta, ciyawar kacalla ta samu wurin zama, ta toshe hanyoyin ruwa a yankin Haɗejiya da Nguru. Sakamakon haka, wasu gonakinsu suka nutse, wasu kuma a gangare ruwan bai isa gare su ba. Ga tsuntsayen jan-baki da suke kwana cikin kacallar, su wayi gari a gonakin talakawa.

To, mutanen ƙauyukan nan ba su zauna jiran gwamnati ba. Gayya suke yi, su shiga ruwa da lauje da adda, su yanke kacallar a ƙarƙashin ruwa don saiwar ta rasa iska ta mutu, su yashe laka, ruwa ya wuce zuwa ga maƙwabta. Aiki ne mai wuya, kuma idan aka bar shi ciyawar dawowa take yi.

Saboda haka 'yan uwa matasa, ƙarfin nan da Allah Ya ba mu amana ne. Duk wanda garinsu yake bakin ruwa, idan an kira gayya ya zama na farkon fita. Mu da muke birni mu daina zuba shara a magudanai, mu kuma yi magana idan masana'antu suna sakin dattin ruwa cikin kogi. Kada a ɗebi yashi ko a sare itatuwan gaɓa muna kallo, domin su ne suke riƙe ƙasa.

Wanda ke gangare ba ya ganinmu, amma abin da muka sako shi yake sha. Allah Ya ba mu ikon sauke wannan hakki. Wassalamu alaikum.