Dakatarwa da Riƙe Albashi a Aikin Gwamnatin Tarayyar Nijeriya: Hukunci Tun Kafin Shari'a

Ma'aikacin gwamnatin tarayya da aka tabbatar masa da aikinsa ba ya zama a kan kujerarsa bisa ganin damar shugabansa, domin doka ce ta kafa aikin, ita ce kuma ta shata hanyar raba shi da shi. Kotun Ƙoli ta tsayar da wannan a shari'ar Shitta-Bey a 1981, inda ta ce dokokin aikin gwamnati suna da ƙarfin tsarin mulki, ta kuma jaddada shi a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985. Nauyin waɗannan hukunce-hukunce yana fitowa idan aka tuna da tankaɗe da rairayar 1975, wadda ta raba ma'aikata sama da 10,000 da aikinsu a zamanin Janar Murtala Muhammed, akasari ba tare da an ji ta bakinsu ba, da kuma Dokar Soja mai lamba 17 ta 1984, wadda ta hana kotuna sauraron ƙarar wanda aka sallama a ƙarƙashinta.

Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya tanadi haƙƙin sauraro cikin adalci, wanda ya tsaya a kan ginshiƙai biyu: a ji ta bakin wanda ake zargi, kuma kada mai ƙara ya zama alƙali a kan ƙararsa. Wanda ya san kotunan shari'ar Musulunci a Arewa ba zai ga baƙon abu a nan ba, tunda alƙali ba ya yanke hukunci sai ya yi i'izari, wato ya tambayi wanda hukuncin zai hau kansa ko yana da sauran hujja. Dokokin Aikin Gwamnati, bugun 2008, sun bi wannan turba ta hanyar wajabta ba ma'aikaci takardar neman ba'asi wadda ta fayyace laifin da ake tuhumarsa da shi, da ba shi damar kare kansa a rubuce, tare da ƙayyade kwana 60 don kammala ladabtarwa, in ban da inda batun ya shafi aikata laifin da kotu za ta saurara.

Inda gizo ke saƙa shi ne matakin da ake ɗauka kafin a kai ga hukunci. Dokokin sun raba shi gida biyu. Na farko shi ne a janye ma'aikaci daga bakin aiki ana biyansa rabin albashi, idan kuma aka wanke shi, a mayar masa da abin da aka riƙe. Na biyu, wanda ake ɗauka idan an ga alamar babban laifi a zahiri kuma maslahar jama'a ta buƙaci a ɗauke hannunsa nan take, yana tsayar da albashin baki ɗaya alhali bincike bai kammala ba. Hujjar nisanta mutum daga ofis mai ƙarfi ce, domin wanda ake zargi da taɓa dukiyar gwamnati bai dace ya ci gaba da riƙe fayil da makullin ma'aji ba. Amma wannan hujja ba ta kai ga albashi, domin tsayar da shi ba ya kare ko takarda ɗaya daga ɓacewa. Abin da yake haifarwa shi ne magidanci da ya kasa biyan haya da kuɗin makarantar yara, ya kuma kasa ɗaukar lauya a daidai lokacin da ya fi buƙatarsa, ga shi har yanzu ma'aikaci ne, kamar yadda Kotun Ƙoli ta nuna a shari'ar Longe a 2010 cewa dakatarwa ba ta yanke alaƙar aiki. Idan shari'ar laifi ta shigo, iyakar kwana 60 ta faɗi, sai wannan hali ya ɗauki shekaru, kuma biyan bashin albashi bayan an wanke mutum ba ya maido da darajar kuɗin da hauhawar farashi ta cinye.

Tun daga gyaran tsarin mulki na 2010, sashe na 254C ya damƙa irin waɗannan ƙararraki ga Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, sai dai wanda aka tsayar wa albashi shi ne mafi ƙarancin halin zuwa can. Gyaran da takardar nan ke kira gare shi yana cikin dokokin kansu: a mayar da rabin albashi mafi ƙarancin abin da duk wanda aka dakatar zai karɓa, kuma duk dakatarwar da ta wuce kwana 60 a wajabta wa Hukumar Kula da Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya ta sake duba ta, ta rubuta dalilan tsawaitawa, ta miƙa wa ma'aikacin kwafinsu.