Ɗan tsiron da ba ya rayuwa shi kaɗai

Yau za mu leƙa dazuzzukan bakin teku na ƙasashen sanyi, inda hazo da yayyafi ba sa yankewa, mu duba wata halitta da ke manne a ɓawon itace.

Kun san tabon nan mai ruwan toka da ake gani a jikin tsofaffin itatuwa da duwatsu? Masana na kiransa laikin. Ba ciwon itace ba ne. Halittu biyu ne suka haɗa gida: funfuna, 'yar dangin naman kaza, da wasu ƙananan ƙwayoyin halitta masu haɗa abinci da hasken rana. Funfuna ta ba da masauki da laima, abokiyar zama ta ba da abinci. Hannu ɗaya, kun sani, ba ya ɗaukar jinka.

Wanda muke magana a kai sunansa Erioderma pedicellatum, daga dangin Pannariaceae. An fara tsinto shi a 1902 a gabashin Kanada, a 1972 kuma aka mayar da shi rukunin Erioderma. Faɗinsa yawanci santimita 2 zuwa 5 ne, kamar ɗan ganye mai gashi-gashi a sama. In ya bushe ruwan toka ne, in ya jiƙe sai ya koma shuɗi-kore. Gefensa na naɗowa sama, a ga farin cikinsa. Abokiyar zamansa wata bakteriya ce wadda ke kamo sinadarin naitirojin daga iska.

To, ga inda gizo ke saƙar. Irin da yake watsawa na funfunar ne kawai. Duk ƙwayar da ta faɗi, sai ta nemo tata abokiyar zaman a jikin ɓawo mai laima, in ba ta samu ba ta mutu. Shi ya sa ko ba a sare itacen da yake kai ba, da zarar an share na kewaye, iska da rana su shigo, wurin ya bushe, shi ke nan. Hayaƙin masana'antu ma na kashe shi.

A Suwidin ya ɓace gaba ɗaya. A Norwe kaɗan ya rage. Ana samun sa da ɗan yawa a tsibirin Newfoundland na Kanada, an kuma gano shi a Alaska da gabashin Rasha. A 2003 ƙungiyar IUCN ta sa shi cikin halittun da ke gab da ƙarewa.

Saboda haka masu kula da daji, in sun gan shi, sukan bar dukan kurmin da ke zagaye da shi a tsaye, don laimar ta zauna.

Mu kwana nan. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.