Afil Ba Ajiya Ba Ne: Jawabi Ga 'Yan Ƙungiya Mazauna Gombe

 

An nemi in yi magana a kan wani abu da ke cin mutanenmu a kotu ba su sani ba, wato korar afil saboda mai shi ya yi watsi da shi. Yawancinmu a nan neman abinci ya kawo mu, daga Kano, Katsina, Sakkwato, Zariya. Wani yana Tudun Hatsi, wani yana babbar kasuwa, wani kullum yana kan hanya. To, idan aka kayar da ɗayanmu a shari'ar fili ko ta bashi, sai ka ji ya ce, "Ai na ɗaukaka ƙara." Shi ke nan, sai ya naɗe hannu, ya tafi gida noma, ko aikin Hajji, yana ganin ya ɗaure shari'ar a turke. Jama'a, ba haka abin yake ba.

Da farko dai, shigar da afil ba ya dakatar da hukuncin kotun ƙasa. Sai an roƙi wannan daban, in ba haka ba abokin shari'arka yana iya shiga filin kana ji kana gani.

Sannan komai da wa'adinsa. Daga Babbar Kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya, wata 3 gare ka bayan hukuncin ƙarshe. A ƙa'idojin kotun na 2021, rajistara yana da kwana 60 ya haɗa kundin shari'a ya aika sama. In bai yi ba, nauyin ya dawo kanka, kwana 30 gare ka. Nan ne da yawa suke faɗuwa, domin haɗa kundin nan da kuɗi ake yi, mutum kuwa ya riga ya ƙarar da ɗan abin hannunsa. Bayan kundi ya iso, lauyanka yana da kwana 45 ya shigar da takardar hujjojinsa. Idan ya wuce, ɗaya ɓangaren yana da ikon ya roƙi a kori afil ɗin, kotu ma da kanta tana iya kora.

Ku saurara da kyau a nan, don Allah. Korar da aka yi saboda rashin shigar da takardar hujjoji ba irin wadda ake komawa a ba da haƙuri ba ce. Kotun Ƙoli ta yanke tun 1993, a shari'ar Olowu da Abolore, cewa kotun da ta yi wannan kora ba ta da ikon dawo da afil ɗin. Ko da gaskiyarka ta kai hasken rana, ba wanda ya buɗe ta ya duba, hukuncin farko kuma ya zauna daram.

A da muna da uzuri, sai an je har Jos. Amma tun 2020, zamanin shugabancin Mai Shari'a Zainab Bulkachuwa, aka buɗe reshen kotun a nan cikin Gombe. Kuɗin acaba kawai zai kai ka.

Ni a ganina laifin ba na lauyoyi kaɗai ba ne, ko da yake akwai masu sakaci a cikinsu. Mu ma mukan biya rabin kuɗi mu ɓace, mu canja lambar waya, ba mu bar wakili ba. Ka karɓi lambar afil ɗinka ka rubuta. Ka tambayi lauya: an aika kundi? An shigar da hujjoji? Ka ce ya nuna maka kwafi mai hatimin kotu. In wa'adi ya kuɓuce, a yi maza a nemi ƙarin lokaci da dalili mai ƙarfi tun abokin shari'a bai riga ku ba. Wanda kuma zai yi doguwar tafiya, ya sanar da sakataren ƙungiya sunan wanda ya bari a kan maganar.

Mai tambaya ya same ni bayan sallar La'asar. Wassalamu alaikum.