Duniya a Cikin Kwalba



Akwai wani hoto da masu zane na wannan zamani ba sa gajiya da ƙagowa: kwalba a toshe, tana haske ita kaɗai cikin duhu, a cikinta ga ɗan kurmi, ga ƙorama, ga ƙananan halittun sihiri suna kai-komo. Mafarkin ba baƙonmu ba ne. Duk wanda ya taso da Dare Dubu da Ɗaya ya san masuncin nan da ya jawo tulun tagulla mai hatimin Annabi Sulaimanu, ya buɗe, aljani ya fito. Abin da nake so mu duba yau shi ne, rabin wannan mafarki gaskiya ne.

A 1829 wani likita a Landan, Nathaniel Ward, ya binne wata tsutsa cikin danshin ƙasa a kwalba, ya rufe, yana jiran ta yi fiffike. Sai ga ciyawa ta tsiro a ciki, har da irin tsiron da hayaƙin kwal ya hana shi rayuwa a lambunsa. Kusan shekara huɗu ba wanda ya zuba musu ko ɗigon ruwa. Rana ta buga, ruwa ya tashi tururi, ya taru a jikin gilashi, ya gangaro. Ganye ya bushe ya faɗi, ƙwayoyin cikin ƙasa su ruɓar da shi, su saki iskar da sabon ganye ke sha. Damina ce da rani a wurin da bai fi tafin hannu ba, kuma ni har gobe abin yana ba ni mamaki.

A 1833 Ward ya aika akwatunan gilashi biyu ɗauke da tsirrai zuwa Sidni ta jirgin ruwa, tsirran suka isa lafiya. Daga nan 'yan mulkin mallaka suka gane amfanin akwatunan. A irin waɗannan akwatuna aka kwashi shayi daga Sin zuwa Indiya, aka kai dashen roba Asiya a 1876 daga irin da aka ɗebo a Barazil. Wannan ɓangare na tarihin ba ya yi mini daɗi.

Amurkawa kuwa sun gwada abin da mutane. A 1991 mutum takwas suka shiga Biosphere 2, wani katafaren gidan gilashi a Arizona, aka rufe su shekara biyu. Iskar oksijin ta sauka daga kusan kashi 21 cikin ɗari zuwa wajen 14, domin ƙwayoyin ƙasa sun shanye ta, simintin ginin kuma ya zuƙe iskar kabon da tsirrai za su yi aiki da ita su mayar da oksijin ɗin. Dole aka hura musu iska daga waje.

To, sai maganar haske, inda mai zane ya bar ilimi a baya. Ba shakka akwai halittu masu haske. Maƙesu da muke gani da damina yana haɗa wani sinadari mai suna lusifarin da oksijin, sai wutarsa ta kama. A 2024 kamfanin Light Bio ya fara sayar da wani fure a Amurka wanda aka sa wa ƙwayar halittar wani naman kaza, yana ƙyalli da dare. Amma kada mu ruɗu: hasken nan ranar da ya sha ce yake amayarwa, kaɗan daga cikinta. Haka kwalba take: marfi yana tare ruwa, yana tare iska, amma ba abin da ke motsi a ciki sai da hasken da ya ratso gilashi daga waje.

Na zo da kwalabe biyu da na dasa rana ɗaya. Ɗaya a bakin taga ta zauna, ɗaya a cikin adaka. Ina roƙon na gaba su miƙa wa na baya, kowa ya gani da idonsa.