Rundunar da Aka Yi Gwanjonta Saboda Kuɗin Tasha



Wani na iya tambaya: me ya haɗa mutumin Maraɗi ko Damagaram da zancen jiragen ruwan yaƙi, alhali ruwan da ya fi sani shi ne gulbi da tafkin damina? Amsar na tafe. Tekun da za a yi magana a kanta dai ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe. Bahar Maliya ce, wadda alhazan da suka riƙa ƙetarewa daga Sawakin zuwa Jidda bayan sun shafe shekaru suna tafiya a ƙasa. Kudu da Sawakin, a wannan gaɓa ta yamma, akwai Masawa da Asab, sa'an nan Jibuti daf da mashigin Babul Mandab. A waɗannan garuruwa uku labarin ya faru, labarin Habasha, ƙasar da ta riƙe rundunar sojan ruwa shekara 41, daga bisani aka yi gwanjon jiragenta saboda bashin kuɗin tasha.

Duk wanda ya taɓa mallakar gingimari ya san cewa sayen motar shi ne mafi sauƙi a cikin lamarin. Wahalar tana ga gareji da makaniki da kayan gyara da gazuwal. Jirgin yaƙi ya fi haka, nesa ba kusa ba. Ruwan gishiri na cin ƙarfe dare da rana. Gansakuka da wasu ƙananan halittu masu ɓawo suna manne wa ƙasan jirgin, su yi kauri har su rage masa gudu, su ƙara masa shan mai, balle a Bahar Maliya wadda ke cikin tekuna mafi zafi a duniya. Babban gyara kuwa ba ya yiwuwa sai an raba jirgi da ruwa. Hanya biyu ake bi. Ko dai a gina wani ƙaton rami na siminti a bakin teku, mai ƙofa, a shigar da jirgin, a rufe, a zuƙe ruwan da famfo har ya zauna bisa turaku. Ko kuwa a samu gareji na ƙarfe mai iyo, a cika tankunansa da ruwa ya nutse, jirgi ya shigo tsakiyarsa, a fitar da ruwan ya taso da jirgin a bayansa. Ban da wannan akwai rumbun mai, ma'ajiyar harsasai, ruwan sha, asibiti, makarantar horo, da ɗaruruwan maƙera da masu walda waɗanda ƙila ba su taɓa kwana kan teku ba. Shi ya sa masu wannan sana'a ke lissafin jirgi uku kafin a samu ɗaya a bakin aiki kullum: ɗaya na sintiri, ɗaya na hanya ko horo, ɗaya na gareji.

Masawa ta ga wannan gaskiya tun kafin Habasha ta mallake ta. Italiya ta kama garin a 1885, ta mai da shi babban sansanin jiragenta na Bahar Maliya. A watan Afrilu na 1941, da Italiyawa suka ga sojan Ingila na shirin shiga, sai suka nutsar da jiragen da ke cikin tashar don toshe ta, suka kuma fasa garejinsu biyu masu iyo da nakiya. Sun san inda ran tashar yake. A 1942 wani jami'in sojan ruwan Amurka mai suna Edward Ellsberg ya zo da ƴan mutane ƙalilan, ya tayar da babban garejin daga ƙarƙashin ruwa cikin kwana 9. Lokacin sojan Jamus na matsa wa Iskandariya ta Masar, saboda haka a Masawa aka gyara manyan jiragen yaƙin Ingila uku, waɗanda in ba don haka ba da sai an kai su nesa. Amma da yaƙi ya ƙare, Turawan Ingila da suka riƙe Eritiriya har 1952 suka kwance kayan tashar masu yawa, suka sayar da wasu, suka kai wasu yankunan mulkinsu. A lura da wannan hali, domin zai sake bayyana.

A 1952 Majalisar Ɗinkin Duniya ta haɗa Eritiriya da Habasha cikin tarayya, Sarki Haile Selassie ya samu bakin tekun da ya daɗe yana nema. A 1955 ya kafa rundunar ruwa, cibiyarta Masawa, da reshe a Asab. Ya ɗauko jami'ai daga Norwe su koyar, ya ɗora jikansa Iskinder Desta, wanda ya yi karatun aikin a Ingila, a kan shugabancinta. A 1962 Amurka ta ba shi wani tsohon jirginta, aka raɗa masa suna Ethiopia, ya zama jagaban rundunar. A wannan shekarar ce kuma Sarkin ya rushe tarayyar, ya mai da Eritiriya lardi kamar sauran larduna, alhali tun 1961 ƴan tawaye sun ɗauki bindiga. Nan kuskuren yake. An zuba dukiya an gina gida a filin da masu shi ba su yarda ba. Jiragen na Sarki ne, amma ƙasar da ramin gyara da rumbun mai ke zaune a kanta, ta mutanen da aka ƙwace wa majalisa ce.

Soja suka hamɓarar da Sarkin a 1974. A watan Nuwamba na shekarar aka harbe manyan ƙasa kimanin 60 a dare ɗaya, Iskinder Desta na cikinsu. Gwamnatin soja ta juya wa Amurka baya ta rungumi Tarayyar Sobiyet. To, su Rashawa a lokacin suna zaune ne a Berbera ta Somaliya, inda suka gina rumbunan mai da ma'ajiyar makamai masu linzami da filin jirgin sama mai tsawon fiye da kilomita 4. Yaƙin Ogaden ya ɓarke tsakanin Somaliya da Habasha a 1977, Rashawa suka zaɓi Habasha, Siad Barre ya kore su a watan Nuwamba. Gine-ginen sun bar su, amma garejinsu mai iyo sai suka ɗaure shi da igiya suka ja shi zuwa Aden, daga can zuwa tsibiran Dahlak da ke gaban Masawa. A 1980 Amurka ta sa hannu da Somaliya ta gaji Berbera. Cikin shekara uku manyan ƙasashen biyu suka yi musayar masauki kamar fatake biyu da suka sauya zango, masu masaukin kuwa suna ta kashe juna.

Habasha ta samu jirage na zamani daga Rashawa, har da masu harba makamai masu linzami. Ba a teku aka ci ta ba. A watan Fabrairu na 1990 mayaƙan Eritiriya suka kama Masawa, babbar cibiya ta tafi da garejinta da ma'ajiyarta, shugabannin rundunar suka koma Addis Ababa, birnin da ke kan tsauni, nesa da kowace teku. Rashawa suka tattara nasu suka bar Dahlak a farkon 1991. A watan Mayu Asab ta faɗi, Mengistu ya gudu Zimbabwe. Jiragen da ke iya tashi suka ƙetara zuwa Yemen da Saudiyya ɗauke da sojansu. Shi jagaban, Ethiopia, a Yemen ya tsaya bai sake tashi ba, a 1993 aka sayar da shi a matsayin tsohon ƙarfe. A wannan shekara Eritiriya ta samu ƴancinta, Yemen ta sallami sauran jiragen, suka tare a Jibuti suna haya. Kuɗin tasha ya yi ta taruwa. A watan Satumba na 1996 Jibuti ta sa su a kasuwa don ta fanshe bashinta, Eritiriya ta samu kaɗan daga ciki, gwamnatin Habasha ta soke rundunar. Abin da ya rage mata shi ne ƙaramin jirgin sintiri guda a tafkin Tana. Masu iya magana sun ce zanen aro ba ya rufe katara.

A nan ne zancen ya iso kan ɗan kasuwa. Bayan 1993 Habasha ta ci gaba da fiton kayanta ta Asab bisa yarjejeniya da Eritiriya. A watan Mayu na 1998 yaƙin kan iyaka ya tashi, hanyar ta rufe, kayan Habashawa da ke jibge a tashar suka maƙale. Ciniki duka ya karkata Jibuti, har ya kai fiye da kashi 90 cikin 100 na shige da ficen ƙasa mai mutum sama da miliyan 120 na bi ta ƙofa ɗaya, ana kuma ƙiyasta kuɗin da take biya ya haura dala miliyar 1 a shekara. Wanda kayansa suka kwana a Kwatano bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, lokacin da takunkumin CEDEAO ya rufe gadar Gaya, ya kuma ga yadda aka koma zagaye ta Lome da Burkina da rakiyar soja, ba sai an fassara masa wannan ba. Bambancin dai shi ne Nijar ba ta taɓa samun teku ba, Habasha kuwa ta samu ta rasa, kuma har yau ciwon bai warke ba.

Ita Jibuti ta gane abin da Allah ya hore mata. Faɗinta bai wuce murabba'in kilomita 23,200 ba, mutanenta kimanin miliyan 1, noma kusan babu. Amma tana kallon mashigi mai faɗin kilomita 30 ko ƙasa da haka, wanda duk jirgin da ya fito Asiya zai bi ta Suwez sai ya ratsa. Faransa ta ba ta ƴanci a 1977 ba tare da ta kwashe sojanta ba. A watan Oktoba na 2000 aka kai wa jirgin yaƙin Amurka Cole hari yana shan mai a Aden, soja 17 suka mutu. Aka sake tunawa cewa jirgi ya fi rauni a sa'ad da yake ɗaure a tasha, saboda haka tashar da za a amince da ita tana da tsada. Amurka ta zauna a barikin Lemonnier a 2002, kuma a 2014 aka ɗaga hayarta daga dala miliyan 38 zuwa miliyan 63 a shekara. Japan ta buɗe nata a 2011, karon farko da ta kafa sansani a waje tun bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Italiya ta biyo baya. Sin ta buɗe nata a watan Agusta na 2017 kusa da tashar Doraleh, ƴan kilomitoci daga Amurkawa. Faransa, wadda ta shekara da shekaru tana biyan yuro miliyan 30, wato kusan miliyar 20 na sefa, ta amince a 2024 ta koma biyan miliyan 85, sama da miliyar 55.

Dole a yaba wa iya cinikin: mai rumfa ɗaya ya tara masu haya biyar, kowa na tsoron ya tashi abokin gabansa ya faɗaɗa. Amma ma'aikacin baitulmali ya san aibin kuɗin da ba daga aljihun talaka ya fito ba. Gwamnatin da haya ke ciyar da ita ba ta cika buƙatar jin koken mai biyan haraji ba, masu hayar kuwa ba sa son a taɓa mai gidan da suka saba da shi. Ismail Omar Guelleh ya hau mulki a 1999, a 2010 aka cire ƙayyade wa'adi daga tsarin mulki, a 2021 ya ci zaɓe karo na biyar, ba a ji wani daga cikin masu sansanonin ya ɗaga murya yadda suke yi wa wasu ƙasashe ba. Rashin aikin yi bai gushe ba a unguwannin birnin, bashin Sin kuma ya yi nauyi.

Habasha ba ta haƙura ba. A 2018 Firayim Minista Abiy Ahmed ya ba da sanarwar sake kafa rundunar ruwa, a watan Maris na 2019 Faransa ta sa hannu za ta taimaka da horo. Horar da matuƙa abu ne mai yiwuwa ko a tafki. Tambayar ita ce ina za a ɗaure jirgin. A ranar 1 ga Janairu 2024 Abiy ya rattaba hannu da shugaban Somaliland, Muse Bihi Abdi, kan hayar kilomita 20 na gaɓar teku har shekara 50. Somaliya, wadda ke ɗaukar yankin a matsayin nata, ta ce an keta mata haddi, rikici ya yi tsanani har sai da Turkiyya ta shiga tsakani aka sasanta a Ankara a watan Disamba na shekarar. Eritiriya kuwa duk sa'ad da Addis Ababa ta ambaci Bahar Maliya sai ta dubi Asab, domin tashar ba ta kai kilomita 100 daga iyakar Habasha ba.

Asab ɗin ma ta yi nata baƙon a tsakani. A 2015 Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa ta sauka can don yaƙin Yemen, ta yashe sabuwar tasha, ta gyara filin jirgin sama, ta gina barikoki. A farkon 2021, bayan ta janye yawancin sojanta daga yaƙin, ta kwance gine-ginen da ake iya kwancewa ta loda su a jirgi.