Bashin Gida: A Tambayi Jimla Kafin A Sa Hannu

Jawabin da wani ɗan kwamitin 'yan kasuwa ya gabatar a taron shekara na ƙungiyarmu a Sabo, Badun.



Mai girma Sarkin Hausawa, shugaban taro, malamanmu, iyayenmu maza da mata, 'yan'uwa 'yan kasuwa da ma'aikata, muna yi wa kowa barka da zuwa. Allah Ya saka wa waɗanda suka shirya wannan zama da alheri.

Bayan haka, an ɗora mana nauyin yin magana a kan rancen sayen gida, wato bashin da banki ke ba mutum ya sayi gida ko ya gina, a riƙe takardun gidan jingina har ya gama biya. Mu dai ba ma'aikatan banki ba ne, ba kuma malamai ba. 'Yan kasuwa ne, wake da albasa muka sani. Amma wanda ya shekara talatin yana awo a Bodija ya san abu guda: ba a sayen kaya sai an ji kuɗinsa duka.

Tun 1916 aka kafa Sabo. Kakanninmu sun zo da niyyar fatauci su koma, ga shi yau jikokinsu ne ke aurar da 'ya'ya a nan. Yawancinmu haya muke biya, kuma kowa ya san halin haya a kurmi: kuɗin shekara gaba ɗaya, ga la'adar dillali, ga ƙari duk lokacin da mai gida ya ga dama. Don haka wanda ya yi burin mallakar gida a Ojoo ko Moniya bai yi laifi ba. Inda matsalar take shi ne wajen tambaya. Idan muka shiga banki, tambayarmu ɗaya ce: "Nawa zan riƙa biya a wata?" Da an faɗi abin da muke ganin za mu iya, sai mu miƙa hannu a ba mu biro.

Abin da ya sa kwamiti ya zaɓi wannan magana shi ne wani ɗan'uwanmu da ya kawo mana takarda a kasuwa, ransa a ɓace, yana cewa an cuce shi. Ya karɓi Naira miliyan 10 a wani banki, kuɗin ruwa kashi 24 cikin ɗari a shekara, zai biya cikin shekara 10. Kowane wata yana kai kimanin N220,500, bai taɓa fashi ba. Da ya cika shekara biyar sai ya ce a duba masa saura nawa, yana zaton ya ci rabi. Abin da ya riga ya biya ya haura miliyan 13. Aka ce masa saura miliyan 7 da dubu 660 da 'yan kai.

Muka zauna da yaranmu masu ilimin lissafi, aka buga, aka sake bugawa. Jama'a, ba a ƙara masa ko kwabo ba. Haka lissafin yake, kuma yana rubuce cikin takardar da ya sa wa hannu. Bai karanta ba ne, ba kuma wanda ya karanta masa.

Ga yadda abin ke tafiya. Bashi kashi biyu ne: akwai uwar kuɗi, akwai ruwa. Kowane wata banki yana fara cire ruwansa a kan abin da ya rage a wuyanka, ragowar ce ke zuwa ta rage uwar kuɗi. Kashi 24 a shekara yana nufin kashi 2 a wata. Kashi 2 na miliyan 10 kuwa N200,000 ne. Ke nan a watan farko, cikin N220,500 da ɗan'uwan nan ya kai, N200,000 ruwa ne, N20,500 kacal ta taɓa bashin. Wata na biyu ma kusan haka. Sai tafiya ta yi nisa sannan uwar kuɗi ke fara zubewa da sauri. Idan ya kai ƙarshe, gidan miliyan 10 ya tashi masa a kan miliyan 26 da rabi, ba kaɗan.

Wani zai ce, to a ƙara masa shekaru mana ya sami sauƙi. Mun buga wannan ma. Idan aka mayar da shi shekara 20, na wata zai sauko zuwa kimanin N201,700. Sauƙin bai kai N19,000 ba. Amma jimlar za ta haura miliyan 48. Wato don a rage masa kuɗin da bai kai na cefanen mako ba, zai ƙara miliyan 22. Araha ba ta ado.

Yanzu mu koma ga rancen gwamnati, wanda shi ne mafi sauƙi a ƙasar nan. A 1992 aka kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda ake kira NHF, a ƙarƙashin Bankin Bayar da Rancen Gidaje na Tarayya, FMBN. Ma'aikaci yana zuba kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa kowane wata, mai sana'ar kansa ma yana iya yin rajista ya riƙa zubawa. Bayan wata shida ana zubi, mutum na iya neman rance ta hannun bankin jinginar gidaje. Ruwansa kashi 6 ne a shekara, ana iya biya har shekara 30.

Mu ɗauki miliyan 10 ɗin nan dai. A shekara 30, na wata kimanin N60,000 ne. Da daɗin ji. Amma a watan farko N50,000 ruwa ne, abin da bai cika N10,000 ba ne ke rage bashi. Bayan shekara 10 ka biya miliyan 7 da dubu 200, amma ana binka miliyan 8 da dubu 370. Ba za ka ci rabin uwar kuɗi ba sai a shekara ta 21. Jimla a ƙarshe miliyan 21 da dubu 580. Ka sayi gida ɗaya, ka biya kuɗin biyu da ɗoriya.

Idan kuwa ka zaɓi shekara 15, na wata zai zama kimanin N84,400, jimla miliyan 15 da dubu 190. Ƙarin N24,400 a wata ya tsirar maka da miliyan 6 da dubu 400. Sannan ku sani ana duba shekarun mai nema. Irinmu da muka haura hamsin kada mu sa rai da shekara 30. In shekara 10 aka ba mu, na wata N111,000 ne. Matasanmu masu aikin albashi su ne wannan ƙofa ta fi buɗe wa, su ne kuma ya kamata su fi kowa riƙe wannan lissafi.

Akwai wani tarko da ya fi kama 'yan kasuwa, musamman wajen kamfanonin da ke sayar da gidaje biya sannu-sannu da ƙananan masu ba da rance. Ruwa iri biyu ne. Akwai wanda ake lissafawa a kan abin da ya rage, shi ne wanda muka yi bayani. Akwai kuma wanda ake lissafawa a kan kuɗin farko har ƙarshe, ko ka biya rabi ruwan ba ya raguwa. Sai a ce maka "kashi 15 ne kawai, shekara biyar." A miliyan 10, ruwan miliyan ɗaya da rabi ne kowace shekara, shekara biyar miliyan 7 da rabi. In ka auna shi da mudun banki, wannan kashi 15 ɗin daidai yake da kusan kashi 25. Mu da muka san bambancin tiya da mudu bai kamata a yi mana wannan ba. A tambaya: a kan me ake lissafa ruwan?

Tambaya ta gaba: ruwan a tsaye yake ko yana motsi? Yawancin bankunan kasuwanci suna rubuta cewa suna da ikon canja shi idan kasuwar kuɗi ta canja. A farkon 2022 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya kashi 11.5 ne. Zuwa Nuwamba 2024 ya kai 27.5. Waɗanda ruwansu ke motsi wasiƙa kawai suka gani, ba a nemi shawararsu ba.

Adalci ne mu faɗi ɗaya gefen. Tsadar kaya tana cin darajar Naira. A Disamba 2024 alƙaluman gwamnati sun nuna hauhawar farashi ta kai kashi 34.8. Wanda biyansa ke tsaye a N60,000, bayan shekara goma wannan kuɗi ba zai yi masa nauyin yau ba, alhali mai haya ana ta yi masa ƙari, kuma ba ya mallakar ko bulo ɗaya. Wannan gaskiya ne. Amma sharaɗinsa biyu: biyan ya kasance a tsaye, samun mutum kuma ya riƙa tashi tare da farashi. Ɗan kasuwa ba shi da ranar albashi. Mota na iya faɗuwa da kaya a hanyar Mokwa, wake na iya yin ƙwari, kasuwa na iya mutuwa wata uku. Banki bai san damina ba, bai san rani ba.

Bayan ruwa akwai kuɗaɗen gefe, waɗanda ba a cika faɗa ba sai an shiga. Akwai kafin alƙalami da za ka ajiye daga aljihunka. Akwai kuɗin lauya, da na mai ƙiyasta darajar gida, da na safiyo, da na kan sarki, da na rajista, da inshora ta kowace shekara. Dokar Mallakar Ƙasa ta 1978 ta sa ƙasa a hannun gwamna, saboda haka sayarwa ko jinginar da fili mai satifiket sai da yardarsa, ita ma da kuɗinta da jiranta. Kafin alƙalamin nan kuwa daga ina zai fito? Daga jari. Miliyan 3 da aka zare daga shago ba miliyan 3 kaɗai aka rasa ba, har da ribar da za ta riƙa jawowa duk juyi. Wannan ma kuɗin gida ne, a sa shi cikin lissafi.

Malamanmu suna zaune, kuma dukanmu mun koya tun a Islamiyya cewa riba haramun ce. Ba mu kawo waɗannan alƙaluma don mu halatta wa kowa ita ba. Fatawa tasu ce, a je a tambaye su kafin a sa hannu, ba bayan an sa ba. Alhamdu lillahi yanzu akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa: Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. A tsarin murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar maka da riba sananniya, a yanka kuɗi tun ranar farko, ba ya ƙaruwa. A tsarin ijara kuwa haya kake biya, kana mallaka sannu a hankali. Amma kada wani ya ɗauka halal tana nufin kyauta. Ciniki ne, kuma ciniki yana iya yin tsada. Can ma a tambayi jimla. A tambaya ko ana sake duba kuɗin hayar, bayan wata nawa, da wane ma'auni. A tambaya in ka biya da wuri za a yi maka rangwame.

Akwai abin da ya shafe mu mu kaɗai, mazauna nesa da gida. Ba mu manta abin da ya faru a kasuwar Sasa a Fabrairu 2021 ba. An yi asarar rayuka, an ƙone shaguna da gidaje, mutane da yawa suka kwashe iyali suka yi Arewa. Allah kada Ya maimaita mana. Muna zaune lafiya da maƙwabtanmu Yarabawa, muna kuma roƙon ɗorewar haka. Amma mai ɗaukar bashin shekara 20 dole ya tambayi kansa: in kasuwata ta tsaya wata shida, wa zai biya? Gida ba ya shiga mota, bashi kuwa yana bin mutum har Kano. In aka kasa biya, gwanjo ake yi, kuma kowa ya san kuɗin gwanjo.

Sai maganar mutuwa, wadda ke kan kowa. Ba a raba gado sai an biya bashi. Mutum zai rasu, iyali suna zaton sun gaji gida, ashe takardu na banki. Duk mai irin wannan bashi ya sanar da matarsa da babban ɗansa, ya nuna musu inda takardu suke, ya kuma tambaya ko akwai takaful ko inshorar da za ta biya saura in ta Allah ta kasance. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, a cikin Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka. Mu ne ya kamata mu fi kowa tsanani a wannan fage.

Saboda haka kwamiti yana ba da shawara kamar haka. Kada kowa ya sa hannu a ranar da aka ba shi takarda. Ya nemi jadawalin biya a rubuce, wanda ke nuna wata-wata nawa ne ruwa, nawa ne uwar kuɗi, nawa ya rage. Banki yana da shi, kuma haƙƙinka ne ka gani. Ya ninka na wata da yawan watanni, ya tara da kafin alƙalami da kuɗaɗen gefe; abin da ya fito shi ne kuɗin gidan, ba wanda dillali ya faɗa ba. Ya tabbata biyan wata bai wuce kashi ɗaya cikin uku na samunsa ba, kuma da watan da kasuwa ta fi mutuwa zai auna, ba da watan Sallah ba. Ya tambaya ko an yarda ya riƙa ƙara wani abu a kan uwar kuɗi ba tare da tara ba, domin Naira ɗaya da aka rage a shekarar farko ta fi wadda aka rage a ta goma amfani. Sannan ya sami lauyansa na kansa ya binciki takardun filin.

Kada kuma mu raina hanyar iyayenmu. Da yawa cikin gidajen unguwar nan da adashi aka gina su: bana fuloti, baɗi tushe, wata shekara linta, wata kwano. Tana da nata tsada, domin siminti ba ya jiran kowa, kuma haya na ci gaba. Amma mai ita in kasuwa ta tsaya sai ya tsaya, ba mai buga masa ƙofa. Kowa ya auna biyun da alƙalami, ya ɗauki wadda wuyansa zai iya.

A ƙarshe, muna roƙon shugabanni su ware rana ɗaya a wata a ofishin ƙungiya, inda 'ya'yanmu masu ilimin lissafi da shari'a za su zauna su karanta wa mutane takardunsu kyauta. Ɗan'uwan da muka ba da labarinsa shi ya fara kawo wannan shawara, ya kuma ce shi zai sayi kujeru.

In kunne ya ji, gangar jiki ta tsira. Abin da muka faɗa daidai daga Allah ne, kuskure kuwa namu ne, a yafe mana. Allah Ya rufa mana asiri, Ya biya wa masu bashi bashinsu, Ya ba marasa gida gida na halal, Ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu.